Tarar Ɗan Fari

Duk wanda ya taɓa shiga motar Maraɗi daga Katsina a shekarun baya, da wuya a ce bai san Malam Babaji ba. In bai riƙe sunan ba, zai riƙe tafiyar. Farar fijo ce mai dogon baya, an rubuta mata “Sannu ba ta hana zuwa” a gilashi, kuma kusan kowace safiya sai an samu ɗan tasha mai neman tsokana ya ƙarasa maganar da yatsa a jikin but: “sai dai a daɗe ba a je ba.” Direbobi Hawainiya suke ce masa. Masu sauri in suka ga motarsa ce a kan layi, sai su koma inuwa su jira ta gaba. Tsofaffi kuwa, da mata masu goyo, da masu ɗauke da ƙwan zabi a ƙwarya, tasa suke nema. Shekara da shekaru yana bin hanyar Jibiya, ko ɗan tsako bai taɓa takawa ba.

Da yana ta fara rufe masa ido ɗaya, bai jira an ce masa ya bari ba. Ya sayar da motar, ya kafa tebur a Ƙofar Kaura yana sayar da baƙin mai da man birki. Kullum da hantsi zai fito daga gidansa na Ƙofar Durbi, ya shimfiɗa buzu a kan benci, ya jera galan-galan, ya zauna yana kallon motoci suna zagaya shataletale. Maganarsa ba ta da yawa. In ka gaishe shi zai raka ka har ƙarshen gaisuwa, ya tambayi gida da yara da gajiya, daga nan kuma shi ke nan.

Ɗansa na fari shi ne Abbas. Babaji mutumin da ne, mai kunyar ɗan fari. Tun ranar suna da ya raɗa wa liman sunan a kunne, sunan bai sake fitowa daga bakinsa ba. In zai kira shi sai ya ce “Kai.” In zai yi maganarsa da wani sai ya ce “yaron nan.” Matarsa Mairo ta ma fi shi, don ita ko wani Abbas ɗin daban aka ambata a rediyo sai ta sunkuyar da kai. Babu wanda ya taɓa ganin Babaji ya ɗauki yaron, ko ya ci abinci kwano ɗaya da shi, ko ya dube shi ido cikin ido. Haka aka tashe su, kuma babu mai cewa rashin so ne.

Sai dai hali ba a gadonsa kamar gona. Abbas ya taso yaron motar ubansa, shi ke ɗaure kaya, shi ke bubbuga jikin mota sau biyu da tafin hannu in komai ya kammala, alamar direba ya ja. Amma da ya hau kujerar gaba, sai aka ga ƙafarsa tana da nauyi a kan totur. Sau ɗaya tak aka taɓa tsayar da motar Hawainiya saboda gudu, ranar kuwa ba shi ke riƙe da sitiyari ba. Suna dawowa ne daga Maraɗi ba fasinja, ya bar wa Abbas tuƙin, wani jandarma ya tare su kusa da Ɗan Issa, ya karɓe takardun mota, ya yanka tara. Kuɗin suna aljihun Babaji. Bai fito da su ba. Ya samu gindin bedi ya zauna, ya bar yaron tsaye a jikin mota cikin rana, har la’asar ta yi sanyi, sannan ya tashi ya biya. An daɗe ana ba da wannan labari a tasha, ana cewa haka ake horon ɗa.

Horon bai kama ba. Da harkar Maraɗi ta ja baya, Abbas ya samu hanyar wata ƙasar Larabawa, ya zama direban wani kanti, yana kai wa mutane kaya gida-gida. Ya tafi bai daɗe da aure ba, ya bar amaryarsa Rahama a gidan na Ƙofar Durbi.

Duk Juma’a bayan an sauko daga masallaci Babaji yakan kira shi. Ba ya kira haka kawai, don uba ba ya kiran ɗan fari don ya ji muryarsa. Kullum da dalili. Yau nawa ake sayar da maganin ido a can, gobe ko gaskiya ne dabinonsu ba ya tsutsa. Kuma kafin komai sai ya tambaya:

“Kai, tuƙi kake?”

“A’a Baba, a tsaye nike.”

“To madalla. A riƙa bi a hankali.”

Ba hanya ce ta ɗauke Abbas ba. Zazzaɓi ne na ’yan kwanaki, a ɗakin da suke haya shi da wasu ’yan Najeriya. Kafin labari ya gama zagaya Ƙofar Durbi, an riga an sallace shi an rufe a can. Babu gawa, babu makara, babu kabarin da za a je a tsaya a kai. Tabarmi kawai aka shimfiɗa a ƙofar gida. Masu ta’aziyya suna zuwa suna cewa, “Ya haƙuri, Malam Babaji?” shi kuma yana cewa, “Haƙuri sai ma’aiki,” idonsa a bushe, kamar wanda ya zo taya maƙwabci zama. Su ma masu zuwan, saboda ganin girmansa, ba sa kama sunan a gabansa, sai su ce “marigayi.” Ranar addu’a liman ya yi sanarwar da aka saba, cewa duk mai bin marigayi bashi ya fito ya faɗa, kada a bar shi da nauyi. Babaji ya ɗaga kai ya ce, “Kowa ke bin shi, ni ya biyo.” Babu wanda ya fito.

Bayan wasu makonni wani abokin aikinsa ya dawo gida, ya kawo jakarsa: riguna, kwalbar turare, da wayarsa. Rahama tana cikin takaba. Ta sa wayar a caji, ta sa mata data don ta ga hotunansa. Tana kunnawa sai ga saƙo ya faɗo, da Larabci da Turanci, da tambarin hukuma. Ta tsorata, ta kai wa Mairo, Mairo ta ajiye wa Babaji a gefen kwanon kokonsa.

Kusa da teburinsa akwai shagon kwamfuta na wata mata mai suna Esther, mutuniyar Kafanchan, wadda aikin gwamnati ya kawo mijinta Katsina. Ita ke cike wa mutane takardun makaranta da na neman aiki. Tana girmama tsohon, takan aiko masa da ruwan sanyi in rana ta take. Ita ya kai wa wayar.

“Ɗiyata, duba mani wanga abu. Idona ba ya kamawa.”

Ta karɓa, ta gyara tabarau, ta fara karantawa da ƙarfi yadda ta saba yi wa kowa. Kalma biyun farko ba su buƙaci fassara ba.

“Abbas Babaji…”

Tsohon ya dafa ƙofar shagon.

“Baba, lafiya? Zauna mana. Ɗanka ne?”

“Na gidana ne,” in ji shi. “Ci gaba.”

Ta ce hukumar hanya ce ta ƙasar. Kyamara ta kama shi yana gudun wuce ƙa’ida, kuma da waya a kunne, an ci shi tara, ana tuna masa ya biya. Ta ce akwai ma hoto. Ta buɗe shi a kwamfuta, ta juyo masa da fuskar allon.

Hoto ne mai toka-toka, irin wanda inji ke ɗauka ba da sallama ba. Farar motar kaya, lambarta a fili, titi mai faɗi ba kowa. Bayan gilashi ga Abbas, hannu ɗaya a sitiyari, ɗaya a kunne. Hasken kyamarar ya wanke masa fuska ta yi fari fat. Dariya yake yi, baki buɗe, idanunsa kuma sun dubo mai kallo kai tsaye. Babaji bai taɓa ganin wannan fuskar ba. Abin da ya sani shi ne tsakiyar kan yaron, don kullum a sunkuye yake a gabansa.

“Wace rana ce?” ya tambaya.

Esther ta duba kalanda. “Juma’a ce, Baba. Da yamma a wurinsu. Agogonsu yana gaba da namu, a nan zai zama bayan an sauko masallaci.”

Babaji ya tuna ranar. Maganin ido ya tambaya, har ya ce ko Larabawa suna da wanda ke mayar da tsoho yaro, ya ji dariya ta ɓarke a wayar. A tsaye nike, Baba.

Esther ta fitar masa da hoton a takarda, ta ƙi karɓar ko kwabo da ta ji mai hoton ya rasu. Ta gaya masa akwai wani ɗan canji a Babbar Kasuwa, Alhaji Ado, wanda ƙaninsa ke zaune a ƙasar, yana biya wa mutane irin waɗannan abubuwa. A ba shi naira a nan, a biya a can, kafin a sha ruwa an gama. Ta rubuta masa lambar tarar a ’yar takarda.

Kuɗin ba su fi ƙarfinsa ba. A makon nan ya haɗa su, ya naɗe a leda, ya sa a aljihun ’yar ciki. Ya je Babbar Kasuwa. Ya bi ta layin masu hatsi, ya hango rumfar ’yan canji, ya rage tafiya. Sai ya tsaya wurin mai goro, ya sayi na ɗari biyu, ya juyo.

Da sabon wata ya kama, wayar ta yi ƙara a aljihunsa. Saƙon ne ya sake zuwa.

“Ɗiyata, duba mani.”

“Abbas Babaji, ana tuna maka… Baba, wancan ne dai. Ba ka je wurin Alhajin ba?”

“Ban same shi ba. Sake karantawa daga farko, kunnena ya yi nauyi.”

Ta sake. Wata na gaba ma haka. Esther ba yarinya ba ce, ta binne nata uban. Daga baya ta daina tambayar Alhaji Ado. In ta ga tsohon ya nufo shagon da wayar a hannu, sai ta rage ƙarar rediyo, ta sallami wanda ke gabanta, ta karanta a hankali, ta ja sunan, ta ɗan tsaya kafin ta ci gaba. Shi kuma yana zaune a kujerar roba, hannuwa a kan gwiwa, ido a rufe.

A duk faɗin duniya wuri ɗaya ya rage da ba a san Abbas ya mutu ba. A can wani ofis da Babaji bai san ƙofarsa ba, ana lissafa yaron cikin masu rai, ana jiransa, ana kiran sunansa haɗe da na ubansa, duk wata ba fashi. A Ƙofar Durbi kuwa sunan ya shiga ƙasa tare da mai shi. Mairo ba za ta faɗa ba. Rahama ba ta kama sunan miji. Ba a bar ɗa ba balle a yi masa takwara.

Amma Babaji ya yi karatun zaure, ya san abin da malamai suka ce: ran mumini a rataye yake da bashinsa har sai an biya. Ya kuma san wanda ya ɗaga kai a gaban jama’a ya ce shi za a biyo. Har ya taɓa tambayar liman a kaikaice, wai wani ne ya aiko shi, ko tarar hukuma tana cikin bashi, tun da ba mutum ne ya ranta ba. Liman ya ce abin da ya fi zama lafiya a biya, mamaci ba ya iya biya da kansa, sai yadda aka yi da shi. Babaji ya ce zai gaya wa mai tambayar.

Daga nan abubuwa suka fara canza masa. Yana zaune a teburinsa sai ya ga farar motar kaya ta shigo shataletale, ta zagaya, ta sake zagayawa, ba ta ɗauki kowace hanya ba. In ya murza idon mai lafiyar sai ya ga babu ita. Ledar kuɗin ta fara yi masa nauyi a ƙirji kamar dutsen guga. Wata Juma’a ya sauko daga masallaci, hannunsa ya yi abin da ya saba ba tare da ya shawarce shi ba, ya danna kiran lambar yaron. Sai ya ji ƙara tana tashi daga ɗaya aljihun nasa. Ya tsaya a tsakiyar masu neman takalma, waya tana kuka a hagunsa, wata tana jira a damansa. Bai kashe ba. Ya bar ta har ta gaji don kanta.

Rahama ta fita takaba. Iyayenta suka aiko daga Ƙofar Sauri a ba su ’yarsu, kamar yadda aka saba. Ta ce a ƙara mata kwana biyu. Kwana biyun suka zama mako, mako ya zama wata. Wata safiya Babaji yana zaure yana sa takalmi, sai ta fito ta durƙusa daga bakin ƙofa, mayafi ya rufe rabin fuskarta.

“Baba, ina kwana.”

“Lahiya lau, Rahama. An tashi lahiya?”

“Lahiya lau.” Ta murza bakin mayafi. “Baba, ina ganin shi.”

Bai tambaye ta wa ba.

“Kullum wuri guda. Bakin wani titi, ba gida ba bishiya. Shina tsaye jikin mota. Ba ya cewa komi, ba ya fushi. Tsaye dai. In na ce mashi ya shigo inuwa sai ya duba bayana, kamar akwai wanda yake jira.” Ta kwance gefen zanenta, ta ajiye ’yan kunne biyu na zinari a kan tabarma. “In kuɗin tarar ne ba su cika ba, Baba, ga wannan. Shi ya saya mani. Ni ba ni iya tahiya gidanmu in bar shi nan.”

“Ɗauki abinki,” in ji Babaji. Muryarsa ta fita da kaushin da bai nufa ba. “Ana nan ana ƙoƙari.”

Ya fita. Ledar tana bugun ƙirjinsa har Ƙofar Kaura.

Magana ba ta kwana a gida ɗaya. Rahama ta gaya wa wata, watan ta gaya wa matar Malam Sagir. Shi Sagir tsohon direban Maraɗi ne, tare suka yi yaran mota da Babaji, kuma shi kaɗai ya rage a Katsina da ke iya ce masa Hawainiya a gaban mutane. Bayan kwana kaɗan sai ga shi da azahar, yana ɗingishi, da baƙar leda a hannu. Ya zauna a bencin ba a ce masa bismilla ba.

“Hawainiya, ashe tsiya ta kama ka har haka ba ka faɗi ba? Kai da ko goro sai ka raba shi huɗu, ina ka kai dukiyar?”

“Sagir, bakinka bai tsufa ba.”

“Shi kaɗai ya rage mani, haƙoran sun gudu.” Ya dangwarar da ledar tsakanin galan-galan. “Ga shi, ’yan tasha ne suka haɗa. Har masu Napep sun sa hannu. Wani yaro da bai taɓa ganinka ba ya ce ubanshi ya ce ka taɓa kai shi Jibiya kyauta, wai sun isa bayan an tashi kasuwa. Tashi mu tahi wurin Ado.”

Babaji ya dubi ledar. Sannan, a hankali, ya sa hannu cikin ’yar ciki ya fito da tasa, wadda gumi ya riga ya cinye mata launi, ya ajiye kusa da ita.

Sagir ya daɗe yana kallon ledojin biyu. Dariyar ta bar fuskarsa.

“Tun yaushe?”

“Tun makon farko.”

Wata tirela ta wuce, ƙasa ta girgiza, galan-galan suka yi ƙara. Sagir ya ciro goro ya ɓare, bai ci ba.

“Ka tuna Ɗan Issa?” in ji shi. “Na wuce ku ran nan da fasinja cike. Da na iso tasha kowa na cewa Hawainiya ya iya horo. Ni ban ce komi ba. Na ga inda ka zamna, na ga inda idonka yake. Daji ne, ba surukai, ba ’yan unguwa, ba mai cewa ka yi rashin kunya. Wuni guda ka samu kana kallon ɗanka.” Ya jefa goron a baki. “Ban ga laifinka ba. Amma kai kana inuwa. Shi rana ke dukanshi.”

Babaji ya ɗauki tsumma ya goge wani galan da ba shi da datti. Can ya ce, “Mayar masu da kuɗinsu. Ka ce na gode, Allah ya bar zumunci.”

“Su ba su karɓa. Sai dai a yi mashi sadaka da su.”

“To a yi.”

Ya tashi ya leƙa shagon Esther. Wata bai ƙare ba, babu sabon saƙo, amma ya miƙa mata wayar. Ta dube shi, ta dubi Sagir da ke tsaye a waje, ta gane. Ta nemo tsohon saƙon ta karanta, a hankali fiye da kullum. Da ta gama sai ya ce ta riƙe wayar a wurinta har ya dawo, kada ta yi masa nauyi a hanya.

Babbar Kasuwa tana cike, ana sauke buhunan gero, masu kura suna ihun a ba su hanya. Wannan karon Babaji bai tsaya wurin mai goro ba. Alhaji Ado mutum ne mai jiki, da waya biyu a gabansa da ɗaya a kunne. Bai san Babaji ba. Suka gaisa, ya karɓi ledar da ’yar takardar da Esther ta rubuta, ya kira ƙaninsa, ya karanta masa lambar. Ya saurara, sannan ya janye wayar daga kunne.

“Baba, ya ce sai da suna, kada a biya ta wani. Mi sunan mai tarar?”

“Yaron gidana ne.”

“Na ji, Allah ya raya. Sunanshi nike so.”

Babaji ya waiwaya. Sagir yana nan a gefensa, har ya buɗe baki. Sai ya rufe, ya juya yana kallon masu sauke gero kamar bai taɓa ganin buhu ba.

Leɓɓan tsohon suka motsa.

“Baba, ban ji ba. Ka ga hayaniyar nan.”

“Abbas,” in ji Babaji. Sunan ya fito da tsatsa, kamar ƙofar ɗakin da aka daɗe ba a buɗe ba. Ya gyara tsayuwa, ya sake faɗa, yadda har mai shayin da ke gefe ya ɗago kai. “Abbas Babaji. Ɗana ne. Na fari.”

Alhaji Ado ya maimaita a waya, ya jira, yana kaɗa ƙafa. Ba a daɗe ba ya ce, “To, an biya. Sun rufe. Ka gaya mashi ya rage gudu, Baba, mutanen nan ba su da wasa.”

“Ya rage,” in ji Babaji.

A ƙarshen makon Rahama ta haɗa kayanta. Da ta zo sallama ta durƙusa a inda ta durƙusa ran nan. Ya sa mata albarka, ya ce gidan nan gidanta ne har abada, ya miƙa mata wayar da kwalbar turaren. Ta karɓi turaren, ta ce ya riƙe wayar. Har ta miƙe sai ta ce, “Baba, kwana uku ke nan ban gan shi ba.” Ta faɗe shi kamar albishir, amma kafin ta kai ƙofa kuka ya ƙwace mata, irin wanda ba ta yi ba ko ranar da labari ya zo. Daga cikin gida aka ji Mairo ta bar dakan da take yi.

Sabon wata ya kama ranar wata Talata. Babaji ya fito da hantsi, ya shimfiɗa buzu, ya jera galan-galan. Ya ajiye wayar a kan tebur, cike da caji, da data a ciki. Rana ta hau, ta take, ta karkata. Motoci suna shiga shataletale suna fita, kowace ta san hanyarta. Wayar ba ta ce komai ba.

Wajen la’asar Esther ta fito da ruwan sanyi da kanta. Ta ajiye, ta ɗan tsaya.

“Baba, in kana so in faɗa maka sunan, ba sai da saƙo ba.”

“Bari, ɗiyata,” in ji shi. “Bakina ya iya.”

Ta koma shago. Ya ciro hoton daga aljihu, takardar ta riga ta yi laushi a wurin ninki, ya buɗe a kan gwiwa. Fuskar nan fara tana ta dariyarta, tana dubansa. Ya daɗe yana kallo da idon da ya rage masa, a bakin titi, a gaban kowa. Sannan ya ninke, ya miƙa tafin hannu ya bubbuga bencin sau biyu.